Ruman: Asalin Itacen, Nomansa da Tafiye-tafiyen Sunansa

Gabatarwa

Ruman yana cikin ƴaƴan itatuwan da Bahaushe ya fi sanin sunansu fiye da ɗanɗanonsu. Duk yaron da ya yi karatun allo har ya kai Suratur Rahman ya riga ya furta sunan, ko da kuwa bai taɓa ganin itacen a tsaye ba. A kasuwannin ƙasar Hausa mangwaro da lemu da gwaba da dabino su ne suke cika faifai, shi kuwa ruman sai an yi cigiya, in ma an same shi to sau da yawa daga nesa aka kawo shi, kuma da tsada. Wannan takarda za ta bi sawun itacen tun daga inda aka fara noma shi, ta dubi yadda ake renonsa da abin da ake yi da shi, sannan ta daɗe a kan sunayensa, domin a nan ne ɗalibin harshe zai fi samun abin ɗauka. Akwai wuraren da tarihi bai bar rubutu ba, kufai ma bai bar komai ba, sai kalmar kawai ta rage tana ba da shaidar hanyar da aka bi.

Siffar itacen da mahaifarsa

Ruman ba babbar bishiya ba ce. Yawanci tsayinsa bai cika wuce mita 5 ba, yana fitar da rassa da yawa tun daga gindi, wasu da ƙaya a bakinsu. Ganyensa ƙanana ne masu sheƙi, furensa ja ne mai ɗaukar ido. Ɗan da yake haifa ya kai girman babban lemu, ɓawonsa mai tauri kamar fata, kuma a ƙarshensa akwai wani ɗan tsiro mai yatsu da ya yi kama da kambin sarauta. Idan aka fasa shi za a tarar da ɗakuna-ɗakuna da wata farar tantani mai ɗaci ta raba, kowane ɗaki cike da ƙwayoyi, kowace ƙwaya tana lulluɓe da ruwa ja ko ruwan hoda. Yawan ƙwayoyin ya bambanta ƙwarai, daga kimanin 200 har zuwa sama da 1,000 a cikin ɗa guda. Wannan yawa shi ne ya sa al'ummomi da dama suka ɗauki ruman alamar haihuwa da yalwa, shi ne kuma ya ba shi sunansa a harsunan Turai, kamar yadda bayani zai zo.

Masana tsirrai sun tafi a kan cewa mahaifarsa ita ce yankin da ya tashi daga Iran da kudancin tsaunukan Kaukasus, ya ratsa Afganistan har zuwa gindin tsaunukan Himalaya a arewacin Indiya. A waɗannan wurare har yau ana samun ruman na daji, ƙanana masu tsananin tsami. Yana da ɗan'uwa guda ɗaya tak a duniya, wanda ba ya fitowa ko'ina sai a tsibirin Sukutura na ƙasar Yaman; wani masani ɗan Sikotilan mai suna Isaac Bayley Balfour ne ya bayyana shi ga masana a 1882.

Shaidar kufai da kaburbura

Ruman yana cikin rukunin itatuwan da ɗan Adam ya fara mallaka a Gabas ta Tsakiya, tare da dabino da zaitun da inabi da ɓaure. Abin da ya haɗa su shi ne ana iya yaɗa su ba tare da iri ba: a yanki reshe ko a cire ɗan tsiro a dasa, ya fito da halin uwarsa sak. Manomin da ya dace da itace mai zaƙi yana iya riƙe wannan zaƙin har jikokinsa. Masu haƙar kufai sun tono ƙonannen ɓawon ruman a tsohon garin Yariko, wanda Larabawa suke kira Ariha, a ƙasan da shekarunsa suka kai wajen 5,000. Tun da Yariko ba ya cikin mahaifar itacen, wannan yana nuna cewa tun kafin lokacin an riga an ɗauko shi an yi yamma da shi.

Daga can ya gangara Masar. Shaida mafi daɗin karantawa ita ce ta wani babban magini mai suna Ineni, wanda ya yi wa Fir'auna Tutmos na ɗaya aiki wajen shekara ta 1500 kafin Miladiyya. A bangon kabarinsa, kusa da garin Luksor na yanzu, an rubuta lissafin itatuwan lambunsa: dabino 170, goruba 120, ɓaure 73, kurna 5, ruman 5, da wasu. Mutumin Sahel zai gane yawancin itatuwan wannan lambu ba tare da an yi masa tafinta ba. Ƙarancin adadin ruman, idan aka kwatanta da dabino da goruba, ya yi daidai da matsayinsa na baƙo wanda bai daɗe da sauka ba. Bayan kimanin shekaru 170, an binne Fir'auna Tutankamun da wani ɗan tulu na azurfa da aka ƙera da siffar ruman, kuma an same shi cikin kayan kabarin da Howard Carter ya gano a 1922. A wancan zamani azurfa ta fi zinariya wuyar samu a Masar.

A 1982 wani mai ninƙaya ya ci karo da ragowar wani jirgin ruwa a ƙarƙashin teku, a Uluburun da ke kudancin Turkiyya. Jirgin ya nitse wajen 1300 kafin Miladiyya ɗauke da tagulla kimanin tan 10, da kuza, da hauren giwa, da gilashi. A cikin wannan dukiya an samu ragowar ruman. Ke nan ba abin ci a gida kaɗai ba ne, haja ce da ake ɗora wa jirgi tare da kayan sarakuna. Taurin ɓawonsa ne ya ba shi wannan dama, domin yana iya yin makonni a hanya bai lalace ba, abin da ɓaure ɗanye ko inabi ba za su iya ba.

Mutanen Finikiya, waɗanda suka kafa birnin Kartaj a ƙasar Tunisiya ta yau, sun shahara da nomansa. Wani masaninsu mai suna Mago ya rubuta littafin noma mai juzu'i 28, kuma bayan Rumawa sun rushe Kartaj a 146 kafin Miladiyya majalisarsu ta ba da umarnin a fassara shi zuwa Latin. Littafin ya ɓace, amma marubutan Rum sun adana gutsattsarinsa, ciki har da dabarar ajiye ruman: a tsoma shi cikin tafasasshen ruwan teku, a shanya kwana uku, a rataye a wuri mai sanyi, ranar da za a sha a jiƙa shi a ruwan daɗi ya kwana.

Ta fuskar gabas kuwa, Sinawa suna da labarin cewa jakadansu Jang Ciyan ne ya kawo musu ruman daga tafiyarsa ta yammacin Asiya a ƙarni na 2 kafin Miladiyya. Masani Berthold Laufer ya nuna a 1919 cewa rubuce-rubucen zamanin jakadan ba su ambaci haka ba, marubutan baya ne suka jingina masa. Wannan ɗabi'a ce ta masu ba da tarihi a ko'ina: kowane baƙon abu sai an samo wani shahararren matafiyi an ce shi ya zo da shi.

A littattafan addini da al'adu

Alƙur'ani ya ambaci ruman sau uku: sau biyu a Suratul An'am, aya ta 99 da ta 141, inda ya zo tare da zaitun, sai kuma a Suratur Rahman, aya ta 68, cikin ni'imomin Aljanna tare da dabino. A Attaura yana cikin albarkatu bakwai na ƙasar Kan'ana, an kuma yi umarnin a yi wa gefen rigar babban limamin Bani Isra'ila ado da siffarsa, haka nan kawunan ginshiƙan haikalin Annabi Sulaiman. Yahudawa suna da wata magana cewa ƙwayoyinsa 613 ne, daidai da adadin dokokin Attaura; wanda ya zauna ya ƙirga zai ga maganar ta wa'azi ce, ba ta lissafi ba. Girkawa sun sa shi cikin tatsuniyar Fasefoni, wadda cin ƴan ƙwayoyinsa ya ɗaure ta da zama a ƙarƙashin ƙasa wani ɓangare na kowace shekara. A Iran ba a raya daren Yalda, dare mafi tsawo a shekara, ba tare da ruman a kan shimfiɗa ba. A Azarbaijan ana yi masa biki a garin Goicai, kuma UNESCO ta sa bikin cikin jerin al'adun gado na duniya a 2020.

Sunaye

Idan aka jera sunayen ruman a harsunan duniya za a ga sun kasu gida-gida, kowane gida yana nuna wata hanya da itacen ya bi.

Gida na farko shi ne na harsunan Semitik da maƙwabtansu. Larabci yana cewa "rummān", Ibrananci "rimmōn", Aramayanci "rummānā". A Akadiyanci, harshen tsohuwar Iraƙi, an rubuta "nurmū", a tsohon harshen Masar kuma wata kalma mai baƙaƙen n-h-m-n, wadda ta zama "herman" a harshen Ƙibɗawa. Baƙaƙen r, m da n suna ta yawo a cikin waɗannan kalmomi suna sauya wuri, abin da ya sa masana da dama suke ganin tsohuwar kalma ce mai yawo, wadda ta riƙa bin hajar daga kasuwa zuwa kasuwa. Daga Larabci ta shiga harshen Malta da Somaliyanci, a Amharanci kuma ana cewa "roman".

Gida na biyu na Farisa ne, "anār". Shi ya bi ta Urdu da Hindi, ya zama "nar" a Turkanci da harshen Azarbaijan. Na uku ya fito daga Sanskirit, "dāḍima", wanda ya ƙetare teku ya zama "delima" a Malesiya da Indonesiya. Sinawa suna cewa "shiliu", gajartawa ce ta wani tsohon suna mai farawa da "an", wanda ake dangantawa da sunan da suke kiran wata ƙasa ta yankin Farisa da shi. Wato sunan yana faɗin inda baƙon ya fito. Irin wannan ne Sawahili suka yi da suka ce "komamanga": "koma" ɗan goruba ne, "Manga" kuwa sunan da suke kiran ɓangaren Oman na ƙasar Larabawa, sai ya zama gorubar Manga. Bahaushe ma ya san wannan dabara, shi ya sa yake da gwandar Masar da dankalin Turawa.

Rumawa sun ba shi suna biyu. Ɗaya "malum punicum", wato tuffar mutanen Kartaj, ɗayan kuma "malum granatum", tuffa mai ƙwayoyi. Lokacin da Carl Linnaeus ya tsara sunayen tsirrai a 1753 sai ya ɗauki rabi daga nan rabi daga can, ya ce Punica granatum, kuma sunan kimiyyar ke nan har yau. Daga kalma ta biyu Faransanci ya samu "grenade", Sifaniyanci "granada", Jamusanci "Granatapfel", Ingilishi kuma "pomegranate".

Yanzu sai Hausa. Babu shakka "ruman" ko "rumman" daga Larabci aka aro ta, amma siffar da ta shigo da ita tana da abin lura. Tun bayan nazarin Joseph Greenberg na 1947 da na Mervyn Hiskett na 1965, masana suna kallon kalmomin Larabci a Hausa a matsayin waɗanda ba su shigo lokaci guda ko ta ƙofa guda ba. Da yawa sun shigo da alif da lam ɗinsu a manne, kamar albasa, alkama, alƙalami, alƙali. A wasu alif ɗin ya faɗi lam ya rage, kamar liman, lahira da littafi. Idan kalmar ta fara da harafin shamsiyya lam yana nashewa, shi ya sa aka samu annabi, attajiri, azzalumi. Harafin ra na shamsiyya ne, kuma ga misalinsa a "arziki", daga "ar-rizq". Da ruman ya bi wannan hanya da an ce "arruman". Bai bi ba, ya shigo tsirara, tare da zaitun da inabi da tuffa. Albasa da alkama kayan gona ne da suka zauna a fadamun ƙasar Hausa tun da daɗewa, sunayensu suka narke har da wasalin ƙarshe. Zaitun da ruman kuwa sun riƙe baƙinsu na ƙarshe, alhali kalmar Hausa ta asali ta fi son ƙarewa da wasali. Wannan yana ƙarfafa zaton cewa zauren malamai da karatun Alƙur'ani ne suka tsare siffar kalmar, ba bakin ƴan kasuwa ba. Bambancin "rumman" da "ruman" kuma batun shadda ne kawai: mai bin lafazin Larabci yana ninka baƙin, mai magana ta yau da kullum yana sauƙaƙa shi.

Akwai wani tarko da ɗalibi zai kiyaye. Kalmar ta yi kama da Rum da Rumawa, itacen kuma yana yalwa a gaɓar Bahar Rum, don haka yana da sauƙi a ce ruman na nufin ɗan itacen Rum. Ba haka ba ne. Kalmar tana cikin rubutun Iraƙi da na Masar ɗaruruwan shekaru kafin a kafa birnin Rum. Kamannin sauti ba hujjar dangantaka ba ne sai an samu tarihi ya mara masa baya. Turawa ma sun faɗa irin wannan rami ta ɗaya gefen: akwai wani ma'aunin rataye da Faransawa suke kira "romaine", wanda kunne zai ɗauka na Rumawa ne, alhali masu ƙamus sun mayar da shi ga "rummāna" ta Larabci, saboda dutsen awonsa ya yi kama da ruman. Haka nan birnin Garnaɗa na Andalus. Masana ba su daidaita a kan asalin sunansa ba, amma da yake "Granada" ya zo daidai da sunan ɗan itacen a Sifaniyanci sai aka mayar da ruman tambarin birnin. Bayan faɗuwarsa a hannun sarakunan Kirista a 1492 aka ƙara ruman a tambarin masarauta, kuma yana nan a ƙasan tambarin Sifen har yau.

Abin da ya fi ban mamaki shi ne Hausa ta ari sunan wannan ɗan itace sau biyu ba tare da ta sani ba. A ƙarni na 16 sojojin Turai suka fara amfani da wani ɗan ƙwallo cike da albarushi da ake jifa da hannu. Faransawa suka ga ya yi kama da ruman, a siffa da kuma yadda yake tarwatsewa, suka kira shi "grenade". Ingilishi ya ara, daga nan ya shigo Hausa ta bakin sojoji, domin Hausa ce harshen bariki a rundunar mulkin mallakar Ingila a Nijeriya. Sakamakon shi ne "gurneti". Tsarin sautin Hausa ba ya yarda baƙi biyu su fara kalma, sai aka cusa wasali tsakanin g da r, kamar yadda aka yi a "fursuna". Baƙin ƙarshe d ya koma t aka ɗora masa wasali, kamar a "kati". Ruman ya zo ta arewa da gabas a kan allo, gurneti ya zo ta teku a jakar soja, kuma asalin ma'anarsu ɗaya. A Ibrananci na zamani ma "rimon" yana ɗaukar ma'anonin biyu. Ɗaliban ƙasashen da ake karatu da Faransanci suna iya ƙara ta uku, wato jan sirop ɗin nan da ake kira "grenadine", ko da yake yawancin wanda ake sayarwa a kanti yanzu ba ruwan ruman ba ne.

Daga Sham zuwa Andalus, daga Andalus zuwa Amurka

Marubutan tarihin Andalus, ciki har da al-Maƙƙari, sun kawo labarin Abdurrahman na ɗaya, ɗan gidan Umayyawa da ya tsira daga kisan Abbasiyawa ya kafa mulki a Ƙurɗuba a 756. Ya gina lambu ya sa masa suna Rusafa, don tunawa da gidan kakansa a Sham, ya riƙa aikawa a kawo masa tsirran can. Cikin abin da aka kawo har da wani ruman mai daɗi. Wani mutuminsa mai suna Safar ya rene shi a yankin Malaga har ya yi ƴaƴa, ya kawo wa sarki, irin ya bazu da sunan "safari". A Maroko har yau akwai irin ruman da ake kira Sefri. A ƙarni na 12 Ibn al-Awwam na Ishbiliya ya yi bayanin nomansa a littafinsa na aikin gona.

Sifaniyawa ne suka ƙetara da shi Amurka, ya kai Kalifoniya tare da ƴan mishan a 1769. Irin da ya mamaye kasuwar Amurka, mai suna Wonderful, daga Fulorida aka kai reshensa Kalifoniya a 1896.

Noma

Ruman yana son rani mai zafi da bushewa, da ɗan sanyi a wani ɓangaren shekara. Yana jure fari, yana jure ƙasa mai ɗan gishiri, amma jure fari daban, ba da amfani mai kyau daban: itacen da ba a shayar da shi ba zai rayu, sai dai ƴaƴansa su yi ƙanana. Ana dasa shi da reshe mai tsawon kamu ɗaya ko biyu, ya fara haihuwa cikin shekara 2 zuwa 3, ɗan kuma ya nuna wata 5 zuwa 7 bayan fure. Ba kamar mangwaro ko ayaba ba, idan aka tsinke shi ɗanye ba ya ƙara nuna. Babbar masifarsa ita ce tsagewa: in ƙasa ta bushe sannan ruwa ya zo da yawa lokacin da ya kusa nuna, ƙwayoyin suna kumbura fiye da yadda ɓawon zai iya ɗauka, sai ya dare a kan itace. Wannan yana cikin dalilan da suka sa bai yi ƙarfi ba a wuraren da damina take da nauyi da laima.

Manoman jihar Maharashtara a Indiya sun samo wa wannan dabara. A can itacen yana iya fure sau uku a shekara, sai manomi ya zaɓi guda: ya hana shi ruwa na ƴan makonni har ganye ya zube, ya yi masa aski, sannan ya sa taki ya sake ruwa, fure ya fito gaba ɗaya a lokacin da yake so. Da haka yake kauce wa damina ko ya nufi lokacin da kasuwa take tsada. Indiya tana sahun gaba a noman ruman, tare da Iran da Sin da Turkiyya, kuma ta buɗe cibiyar bincike a kansa a Solafur a 2005. Kowace ƙasa tana da garin da take alfahari da rumansa: Kandahar a Afganistan, Sawe a Iran, Ɗa'if a Saudiyya, Sa'ada a Yaman, Manfalut a Masar, Gabis a Tunisiya, Elce a Sifen.

Kasuwar duniya tana son iri ɗaya ko biyu, ja mai ɗaukar ido, mai jure tafiya. Wannan yana barazana ga ɗaruruwan ire-iren da manoma suka tara cikin dubban shekaru. A tashar bincike ta Garrigala a Turkmenistan, masani Grigori Lebin ya shafe kimanin shekaru 40 yana tattara ruman har ya haɗa sama da nau'i 1,000. Da Tarayyar Sobiyet ta wargaje a 1991 kuɗin kula da tashar ya yanke, shi kuma daga baya ya bar ƙasar. Abin da ya taimaka shi ne ya riga ya aika da rassan wasu zuwa cibiyoyi a ƙasashen waje. Tun da ƙwayar ruman ba ta maimaita halin uwa, ba a iya adana nau'insa a kwalba kamar gero ko dawa. In itacen ƙarshe ya bushe, nau'in ya tafi.

Amfani

Ban da shan ƙwayoyin da matse ruwan, mutanen Sham da Turkiyya da Iran suna dafa ruwan har ya yi kauri kamar maɗi, su riƙa sa shi a girki don tsami, kusan aikin da tsamiya take yi a tukunyar Bahaushiya. Da shi da gyaɗar goro ta Farisa ake miyar "fesenjan" a Iran. A Indiya da Pakistan ana busar da ƙwayoyin na daji a yi kayan yaji da ake kira "anardana".

Ɓawon yana da sinadarin jima mai yawa. Majeman Maroko da na Andalus sun yi aiki da shi, kamar yadda majeman ƙasar Hausa suke aiki da bagaruwa, masu saƙar darduma kuma suna samun rawayen rini daga gare shi. A fagen magani, tun tsohuwar Masar ake ba da ɓawon saiwarsa don kashe tsila, likitocin Girka da na Musulunci suka ci gaba da haka, suna kuma ba da ɓawon ɗan don tsayar da zawo. A 1878 wani masanin haɗa magunguna ɗan Faransa, Charles Tanret, ya ware sinadarin da yake wannan aiki daga ɓawon. Binciken ya tabbatar da abu biyu: maganin yana aiki, kuma guba ne idan ya yi yawa, yana kawo jiri da amai da rikicewar gani. Shi ya sa likitoci suka bar shi da aka samu magungunan tsutsa marasa haɗari. A zamanin nan yabon ya koma kan ruwan ruman. Yana da amfani a jiki kamar sauran ƴaƴan itace, amma a 2010 hukumar kula da ciniki ta Amurka ta tuhumi kamfanin POM Wonderful da tallan cewa ruwansa yana maganin ciwon zuciya da wasu cututtuka ba tare da isasshiyar hujja ba, kuma kotun ɗaukaka ƙara ta goyi bayan hukumar a mafi yawan hukuncinta a 2015.

A kudancin Sahara

Ruman ya ƙetaro hamada, amma bai yi nisa da hanyoyin ayari ba. Hugh Clapperton, wanda ya ratsa Katsina a 1824 a kan hanyarsa ta dawowa daga Sakkwato, ya lissafa shi cikin ƴaƴan itatuwan birnin tare da ɓaure da lemun tsami. Katsina a lokacin mazaunin fataken Gadamas da na sauran garuruwan arewacin Afirka ce, kuma ruman itacen lambun gida ne irin wanda baƙo mai hali yake dasawa a bayan ɗakinsa. Inda ya samu wurin zama sosai shi ne tsaunukan Abzin a Jamhuriyar Nijar. A Timiya, arewa da Agadas, tudu ya rage zafi, iska a bushe take, ruwa kuma yana kusa a ƙarƙashin yashin ƙorama, wato kusan yanayin da itacen ya baro a mahaifarsa. Masu lambun can suna nomansa a tsakanin dabino da lemu, suna shayarwa daga rijiyoyin da a da raƙumi ko sa ne yake jan gugansu, yanzu kuma da yawa sun koma injin famfo. Idan ya nuna ana loda shi a mota tare da lemun zuwa kasuwar Agadas, daga can wani ya gangara kudu.